Shin nuna wa mai doguwar suma bidiyon iyalinsa yana taimaka masa ya farfaɗo?

Manomin Fadama, Argungu

Assalamu alaikum. Ina neman shawarar waɗanda Allah ya ba sani a harkar lafiya, da kuma waɗanda suka taɓa jinyar mutumin da ya yi doguwar suma.

Yau kwana 19 ke nan da ƙanena, uwa ɗaya uba ɗaya, ya yi hatsarin babur a hanyarsa ta dawowa daga fadama, inda ya je duba injin ban-ruwa a gonar shinkafarmu. Kansa ne ya bugi kwalta, kuma babu hular kwano a kansa, kamar yadda yawancinmu muka saba hawa. Daga asibitin garinmu aka tura mu Birnin Kebbi, daga can kuma aka tura mu Sakkwato, inda aka ɗauki hoton ƙwaƙwalwarsa aka ga jini ya taru, aka shiga da shi tiyata a wannan daren. Ya yi kwana 11 a ɗakin kulawa ta musamman. Yanzu yana numfashi da kansa, an dawo da shi babban ɗaki, ana ba shi abinci ta robar da aka zura masa ta hanci.

A rana ta 16 ya buɗe ido. Matarsa ta kira gida tana kuka tana dariya, mahaifiyarmu ta yi sujadar godiya, har maƙwabta suka fara shigowa barka. Amma da na tsaya a gabansa na kira sunansa, sai na ga idon a buɗe yake kawai, ba ya kallona, ba ya kallon kowa. Likita ya ce mana kada mu yi gaggawar cewa ya farka.

Yana da 'ya mai shekara huɗu wadda ba a barin yara irinta su shiga ɗakin majinyata, ita kuma mahaifiyarmu ciwon ƙafa ba ya barin ta zirga-zirga tsakanin Argungu da Sakkwato. Sai ƙanen matarsa, wanda yake karatu a jami'a, ya kawo shawarar a ɗauki yarinyar a bidiyo. An ɗauke ta tana cewa Abba ya tashi ya sayo mata rake, an ɗauki tsohuwa tana yi masa addu'a. Tun daga ranar muke jingina wayar a jikin filas ɗin ruwan zafi a kan durowar gefen gadonsa, tana ta maimaita bidiyon kusan wuni guda, da dare kuma mu kunna karatun Alƙur'ani har asuba. Jiya matarsa ta ce ta ga hawaye ya gangaro masa a lokacin da muryar yarinyar take tashi. Shi kuwa kawunmu ya ce azabtar da shi kawai muke yi, mu bar wasa da waya mu dage da tofi da rubutu.

Shin yana ganin abin da muke nuna masa? Wannan hawayen alama ce ta cewa ya gane muryar 'yarsa? In akwai amfani, yaya ya kamata a riƙa yi, in kuma akwai cutarwa, ku faɗa mini gaskiya mu daina.

Mai Gashin Ƙashi, Gusau

Wa alaikumus salam, Malam. Sannunku da jinya, Allah ya tashi kafaɗunsa, ya sa kaffara ce. Aikina shi ne motsa gaɓoɓin majinyata da koya musu zama da tafiya bayan ciwo, kuma ina yawan haɗuwa da irin ƙanenka. Ban gan shi ba, don haka maganar likitan da yake duba shi tana gaba da tawa.

Da farko ya kamata a rarrabe matakan, domin mu a Hausa duk suma muke ce musu. Doguwar suma ta ainihi ita ce wadda ido yake rufe, ba a iya tada mutum ko da an mintsine shi, kuma ba ta cika wuce mako biyu zuwa huɗu ba. Bayan nan wasu sukan shiga wani hali inda ido yake buɗewa, suna barci suna farkawa, amma babu alamar sun san kansu ko abin da yake kewaye da su. Gaba da wannan akwai matakin da sani ya fara leƙowa kaɗan-kaɗan, yau a gani gobe a rasa: mutum ya bi abu da ido, ko ya matse hannu in an ce ya matse, ko ya kai hannu ga abin da aka miƙo masa. Daga bayaninka, ƙanenka ya fita daga na farko, abin da ake jira a gani shi ne ko ya taka na uku. Ka tambayi nas maki nawa yake samu a ma'aunin Gilasgo, wanda wasu likitoci biyu, Graham Teasdale da Bryan Jennett, suka fito da shi a 1974. Yana farawa daga 3 ya ƙare a 15, ana haɗa makin buɗe ido da na magana da na motsi, kuma 8 zuwa ƙasa shi ne rauni mai tsanani. Sanin yadda makin yake tafiya daga mako zuwa mako ya fi muku amfani a kan kallon fuskarsa kuna hasashe.

A lokacin da idonsa yake rufe, bidiyo bai wuce murya ba a wurinsa. Yanzu da ido ya buɗe, hoton yana iya samun gurbi, amma ba ta yadda kuke yi ba. Ƙwaƙwalwa, ko ta mai lafiya, takan daina kula da duk sautin da ba ya yankewa. Wanda gidansa yake kusa da injin niƙa ya san wannan, domin bayan 'yan kwanaki ba ya jin ƙarar sai ranar da injin ya tsaya. In muryar yarinyar ta wuni tana maimaituwa, za ta koma kamar ƙarar fankar ɗakin, kun kashe abu mafi ƙarfi da kuke da shi a hannu. Haka kuma karatun da yake kwana a kunne yana hana shi barci, alhali ƙwaƙwalwar da ta ji rauni tana buƙatar dare ya zama dare, rana ta zama rana.

Abin da nake ba iyalai shawara shi ne a zaɓi lokacin da idonsa yake buɗe kuma jikinsa yake a natse, ba daidai bayan an gama yi masa wanka ko an juya shi ba, domin a lokacin a gajiye yake. A rage hayaniya, mutum ɗaya ya tsaya ya yi masa sallama, ya kira sunan da aka fi kiran sa da shi a gida, ya gaya masa ko shi wane ne da abin da zai nuna masa. A riƙe wayar daidai fuskarsa, tazarar kamar kamu ɗaya, a bar bidiyon ya yi 'yan mintuna, a karkata wayar a hankali zuwa dama, a dakata, a koma hagu, a ga ko ƙwayar idon za ta bi. Sai a kashe, a yi shiru, a jira, domin amsar irin waɗannan majinyata takan yi jinkiri. Sau uku ko huɗu a rana ya wadatar. In kuka ga gumi ya keto masa, ko numfashi ya yi sauri, ko jiki ya sandare, ku tsaya ku sanar da nas. Ku gwada ƙaramin madubi ma, domin masu bincike a Beljiyam sun gano cewa irin waɗannan majinyata sun fi bin fuskarsu a madubi da ido fiye da yadda suke bin mutum ko wani abu.

Game da hawaye, ba zan ce maka ba komai ba ne, ba zan kuma ce maka ya gane ta ba. Idon da ba ya ƙiftawa sosai yakan yi ruwa da kansa. Abin da yake zama hujja shi ne maimaituwa: in muryar 'yarsa tana kawo canji a fuskarsa sau da yawa, muryar baƙo kuma ba ta kawowa, to wannan magana ce da likita zai so ya ji.

A ganina ma amfanin wayar ya fi yawa in aka juya kyamarar ta kalli majinyacin. Likita yana zagaye ne na 'yan mintuna da safe, kuma sau da yawa a lokacin majinyaci yana barci, ku kuwa kuna tare da shi dare da rana. In kun nemi izinin masu kula da ɗakin, ba tare da kun ɗauki majinyatan da suke kusa ba, ku ɗauke shi a lokacin da kuke nuna masa bidiyon, ku nuna wa likita. Sannan ranar da mai gashin ƙashi ya zo motsa masa hannu da ƙafa, ku roƙe shi ku ɗauki yadda yake yi, domin duk wanda ya karɓi jinya ya kalla ya koya. Na ga mutanen da suka farfaɗo sarai amma gwiwa da gwiwar hannu sun riga sun ƙage saboda ba a motsa su, na ga waɗanda gyambon da daɗewar kwanciya ya haifar a ƙugu ya fi raunin kan wahalar da su. Juya shi duk bayan awa biyu ya fi kowane bidiyo muhimmanci.

Maganar rubutu kuma, ka lallashi kawu da ladabi. Mutumin da ba ya iya haɗiya, duk abin da aka ɗura masa a baki, ko ruwan zamzam ne, yana iya bin hanyar iska ya sauka a huhu ya zama ciwon da zai iya kashe shi. A yi addu'a a shafa masa a jiki nesa da wurin ɗinki, amma kada a sa masa komai a baki.

Uwargidan Mai Albasa, Aliero

Ɗan'uwa, sannu da ɗawainiya, Allah ya ba shi lafiya. Ni ba ma'aikaciyar lafiya ba ce, amma na yi wata huɗu a gefen gadon maigidana bayan motar da suka ɗauko kaya ta faɗi da su, kuma abin da malamin Gusau ya faɗa na gan shi da idona.

Mu ma da bidiyon yara muka fara, da na bikin ƙanwarsa, ba mu ga komai ba. Wata rana yaron shagonsa ya turo mini bidiyon lodin albasa don in ga an sallami kayan, ina zaune kusa da shi na buɗe ba da wata niyya ba. Ana jin masu dako suna ƙirga buhu da ƙarfi, dillali yana musu a kan cewa buhu ɗaya bai cika ba. Sai na ga kansa ya ɗan karkato, idonsa ya tsaya a kan wayar. Na ɗauka idona ne yake yi mini gizo, na maimaita washegari a gaban nas, ya sake yi. Mutumin da ya yi shekara 30 a kasuwa, ashe hayaniyar ciniki ce ta fi zama a kansa. Don haka ku duba abin da ƙanenku yake wuni a cikinsa. Wataƙila ƙarar injin ban-ruwa da muryar abokan aikinsa suna kiran sa da sunan tsokana su fi tasiri a kan abin da ku kuke ganin ya fi taɓa zuciya.

Na sayi littafin rubutu irin na 'yan firamare, kullum ina rubuta rana da lokaci da abin da aka nuna masa da abin da ya yi, har da ranakun da bai yi komai ba, kuma su suka fi yawa. Wannan littafin ya cece ni daga yaudarar kaina, domin mai jinya yana ganin abin da zuciyarsa take so ya gani.

Abu biyu nake gargaɗinku a kai. Na farko, ku saurari duk saƙon da aka turo kafin ku kunna masa. Dangi sukan turo bidiyo suna kuka suna neman yafiya kamar ana bankwana da gawa, kuma ban ga dalilin da za a sa wa mara lafiya wannan a kunne ba. Haka masu zuwa dubiya da suke tsayawa a kansa suna lissafin kuɗin da aka kashe, ko suna cewa wane ma haka ya yi bai tashi ba, ni fita nake da su waje. Na biyu, ku tsare mutuncinsa. Wani ɗan'uwanmu ya ɗauki maigidana da roba a hanci, ba riga, ya sa a Facebook wai yana neman addu'a, kafin magariba har an fara kiran mu ana ta'aziyya, kuma har yau hoton yana yawo. Wanda yake kwance ba shi da bakin da zai ce bai yarda ba, ku ne bakinsa.

Yau maigidana yana tafiya da sanda, maganarsa a hankali take fita, kuma bai koma kasuwa ba. Na tambaye shi ko ya tuna bidiyon albasa, ya ce bai tuna komai na wannan lokacin ba. Ba zan iya rantsuwa cewa bidiyon ne ya dawo da shi ba, amma da shi muka fara gane cewa yana ji.

Malamin Kimiyya, Ƙaura Namoda

Allah ya ƙara sauƙi. Ina koyar da ilimin halittu a sakandare, kuma na ɗan bibiyi wannan batu, don haka zan ƙara abin da binciken masana ya nuna da inda ya tsaya.

A 2006 wani masani mai suna Adrian Owen, a Kambirij ta Ingila, ya sa wata mata mai shekara 23, wadda hatsarin mota ya bar ta ba ta amsa komai, a cikin na'urar da take nuna sassan ƙwaƙwalwa da suke aiki. Aka ce mata ta riya a ranta tana buga ƙwallon tanis, sannan ta riya tana zagaya ɗakunan gidansu, sai ƙwaƙwalwarta ta yi aiki daidai da ta masu lafiya da aka ba wannan umarni. A 2014 shi da abokan aikinsa a Kanada suka nuna wa wani mutum da ya shekara 16 ba ya amsawa wani gajeren fim na minti 8 mai sa fargaba, suka ga ƙwaƙwalwarsa tana bin labarin tare da ta sauran masu kallo. A 2024 kuma wani babban bincike da aka yi a cibiyoyi da dama ya samu cewa cikin majinyata 241 da ba sa bin umarni a zahiri, 60 suna bin sa a ƙwaƙwalwa, wato kusan ɗaya cikin huɗu. Wannan ya isa ya sa a kiyaye harshe a gaban majinyaci, kamar yadda Hajiya ta Aliero ta ce.

Sai dai a lura, fim ɗin da aka nuna a Kanada awo aka yi da shi, ba magani ba. Ya nuna cewa akwai sani a ɓoye, bai nuna cewa kallo yana warkarwa ba. Abin da ya fi kusa da tambayarka shi ne binciken Theresa Pape a Amurka, wanda aka wallafa a 2015, inda aka naɗi muryar iyalai suna ba da labaran da majinyacin ya sani tun da, ana kunna masa sau huɗu a rana har mako shida, aka ga waɗanda suka ji muryoyin sun fi saurin nuna alamun dawowa. Amma mutum 15 kacal aka yi binciken da su, kuma murya ce ba hoto ba. Tun a 2002 ma masu tace bincike na ƙungiyar Cochrane sun duba ayyukan da aka yi a kan zaburar da masu suma ta hanyar ji da gani da taɓawa, suka ce babu hujja mai ƙarfi da za ta tabbatar ko ta kore amfaninsa. Saboda haka duk wanda ya ce muku ku biya kuɗi yana da wani faifai na musamman da yake tada mai suma, ku riƙe kuɗinku ku sayi abincin roba da katifa mai laushi.

Abin da zai ƙarfafa maka gwiwa shi ne suman da bugun kai ya jawo ya fi wanda yankewar iska ga ƙwaƙwalwa ta jawo fatan dawowa, kuma ƙa'idojin da likitocin ƙwaƙwalwa na Amurka suka fitar a 2018 sun ja hankalin likitoci kada su yanke wa iyali ƙauna baki ɗaya a cikin kwana 28 na farko. Akwai kuma wani magani mai suna amantadin da aka gwada a kan majinyata 184, aka wallafa sakamakon a 2012, aka ga yana hanzarta farfaɗowar masu raunin kai. Likita kaɗai ne zai ce ya dace da ƙanenka ko bai dace ba, amma babu laifi ka tambaya.

A kan karatun Alƙur'ani ba na ganin akwai saɓani tsakaninku da kawu. In akwai makarancin da ya saba saurare, ko surar da yake yawan karantawa a salla, wannan ma murya ce da ya sani. A ba ta lokacinta da rana, a bar masa dare ya huta.

Manomin Fadama, Argungu

Na gode ƙwarai, Allah ya saka muku da alheri, ya bar zumunci. Na karanta wa matarsa da kawu amsoshinku. Kawu ya yarda a daina maganar ɗura rubutu bayan nas ita ma ta yi masa bayani, ya ce shi zai riƙa karanta masa da bakinsa bayan la'asar. Na tambayi makinsa, aka ce daga 6 ya hau 9.

Tun shekaranjiya muka daina barin wayar a kunne, mun koma sau uku a rana, kuma na sayi littafi kamar yadda Hajiya ta ce. Shafi biyu na farko babu komai a cikinsu sai rana da lokaci. Yau da hantsi matarsa ta ɗauko madubin da yake cikin jakarta ta riƙe masa, ta karkata shi dama, ta ce idon ya bi kaɗan sannan ya saki. Ni ina waje wajen sayen magani ban gani ba, ba a kuma ɗauka a bidiyo ba, don haka na rubuta cewa mutum ɗaya ne ya gani. Gobe zan riƙe waya ita ta riƙe madubin. Na kuma aika wa abokin nomansa ya ɗauko mana bidiyon injin ban-ruwa yana aiki, ya kira shi da sunan da suke tsokanar juna da shi.

Malam na Gusau, ina da sauran tambaya ɗaya: idonsa na hagu har yanzu a kumbure yake, ba ya buɗewa sosai. Ta ɓangaren dama kawai za mu riƙa tsayawa, ko mu riƙa gwada ɓangarorin biyu?